Daga waƙar yabon Ubangiji zuwa rataya takobi: tambaya a kan shahidan mabiya addinin Sikh

Ɗan Runjin Sambo ya rubuta:

Assalamu alaikum. Iyayena da malamaina, ina da tambayar da ta daɗe tana ci mini tuwo a ƙwarya. Bara na raka mahaifina ƙasar Indiya neman magani, muka yi mako bakwai a Delhi. Direban da yake kai mu asibiti dattijo ne mai farin gemu, da shuɗin rawani naɗe tsaf, har ranar farko na rusuna na yi masa sallama, domin na ɗauka wani malami ne talauci ya tura shi tuƙi. Ya yi dariya, ya nuna mini munduwar ƙarfe a hannunsa na dama, ya ce shi mabiyin addinin Sikh ne.

Wata Juma'a, bayan mun fito daga babban masallacin tsohon birni, sai ya bi da mu ta kasuwar Chandni Chowk, ya tsaya a gaban wani gini mai ƙubbobi ruwan zinariya da ake kira Sis Ganj. Mutane suna cire takalma, suna taka ruwa a bakin ƙofa, kowa kansa a rufe, ana kuma ciyar da duk wanda ya zauna ba tare da an tambaye shi addininsa ba. Da ɗan Turancin da muke lallaɓawa da shi ya gaya mana cewa a nan aka fille kan jagoransu na tara a 1675, kuma kalmar da ya kira shi da ita ita ce "shahid". Wannan kalma a karatun Badar da Uhudu na san ta, sai kuma a kan waɗanda suka kwanta a Tsuntsuwa da Alwasa.

Ta ina kalmarmu ta shiga bakinsu? Yaya aka yi mutanen da aka sani da waƙar yabon Ubangiji da ciyar da baƙo suka mayar da rataya wuƙa wani ɓangare na addini? Akwai kuma wadda nake jin nauyin yi: direban ya ce sarkin da ya ba da umarnin kisan Musulmi ne, kuma mahaifina bai ce uffan ba har muka isa masauki.

Tsohon Malamin Tarihi, Mabera, ya amsa:

Wa alaikumus salam. Ɗana, Allah ya ƙara wa mahaifinka lafiya. Zan ɗauki tambayarka ta biyu, domin ita ce ta fi kusa da abin da na koyar.

Guru Nanak, wanda ya kafa addinin, an haife shi a 1469 a wani ƙauye na yankin Punjab da yanzu yake cikin Pakistan, ya rasu a 1539, kuma bai bar wa mabiyansa runduna ba. Abin da ya bari shi ne waƙoƙi a kan kaɗaita Ubangiji, da zama wuri ɗaya a ci abinci ba tare da duba asalin haihuwar mutum ba, da magaji. Jagororin da suke kira Guru su goma ne, kuma huɗun farko sun rayu sun mutu ba tare da sun yi karo da hukuma ba.

Abin ya sauya a zamanin na biyar, Guru Arjan. A hannunsa jama'ar ta tashi daga taron almajirai ta zama al'umma mai tsari. Ya kammala ginin ɗakin ibadarsu na Amritsar, ya tattara littafinsu mai tsarki a 1604, yana da wakilai a garuruwa masu karɓo masa baiko daga mabiya, manoman ƙabilar Jat suna shigowa da yawa, kuma mabiyan suna yi masa kirari da "sarki na gaskiya". Duk wanda ya san halin sarauta ya san babu sarkin da zai ji ana kiran wani da wannan suna a ƙasarsa ya yi barci da ido biyu rufe. Sarki Akbar na daular Mughal mai sassauci ne, bai damu ba. Da ya rasu a 1605 ɗansa Jahangir ya hau, sai ɗan Jahangir ɗin, Khusrau, ya yi wa ubansa tawaye a 1606, ya biyo ta Punjab, ya yada zango wurin Guru Arjan.

Abin da ya sa wannan labari ya fi sauran ƙarfi shi ne Jahangir da kansa ya ambace shi a littafin tarihin rayuwarsa. Ya ce Arjan ya ja hankalin Hindu da yawa har da wasu Musulmi, ya ce ya daɗe yana tunanin ko dai ya rufe wannan harka ko ya shigar da mutumin Musulunci, sannan ya ce da ya ji Arjan ya shafa wa Khusrau alamar za'afaran a goshi, sai ya ba da umarnin a ƙwace dukiyarsa a kashe shi. Ka ga dalili biyu sun haɗu a bakin mutum ɗaya, ƙyamar addinin da tsoron tawaye, amma na biyun ne ya zare takobin. Arjan ya mutu a Lahore a 1606. Ruwayar mabiyansa ta ce an zaunar da shi a kan faranti mai zafi ana zuba masa rairayi mai ƙuna, daga baya ya shiga kogin Ravi bai fito ba. Wannan bayanin azabar daga wurinsu ya fito, ba daga takardun fada ba.

Ɗansa Hargobind yana da shekara 11 aka naɗa shi. Maimakon alamun zuhudu na magabatansa, sai ya rataya takubba biyu, ɗaya ana ce masa miri, ɗaya piri, wato ikon duniya da ikon ruhi. Ya gina wata karaga da ake kira Akal Takht daura da ɗakin ibadar, ya tara dawaki da mayaƙa, ya riƙa fita farauta kamar basarake. Jahangir ya tsare shi a kurkukun ganuwar Gwalior na wani lokaci, kuma a zamanin magajinsa Shah Jahan, cikin shekarun 1630, ya gwabza da dakarun Mughal fiye da sau ɗaya kafin ya janye zuwa Kiratpur a gindin duwatsu. Amma kada ka ɗauka daga nan yaƙi bai tsaya ba. Guru na bakwai ya riƙe dawaki bai yi yaƙi ba, na takwas kuwa yaro ne da bai cika shekara takwas ba agana ta kashe shi a Delhi a 1664. An yi kimanin shekara hamsin takobin yana cikin kube.

Almajirin Zaure, Kanwuri, ya amsa:

Allah ya gafarta Malam, ya ƙara sani. Ni kuma bari in taɓa maganar kalma, domin na san za a samu wanda zai ce bai halatta a kira wanda ba Musulmi ba shahidi.

Kalmar ta Larabci ce, asalinta daga shaida, amma ba kai tsaye ta je Punjab ba. Farisanci ne harshen fada da alƙalanci da waƙa a arewacin Indiya ɗaruruwan shekaru, kuma ta cikinsa kalmomin Larabci suka kwarara cikin harsunan talakawa, kamar yadda mu ma muka sami alƙali da hukunci da daraja. Miri da piri ɗin da Malam ya ambata ma haka ne: ta farko daga amir take, ta biyu kuma pir ce, wadda sufaye suke kiran shehinsu da ita. Saboda haka idan mun ce mabiya Sikh suna kiran wane shahidi, labari muke bayarwa na abin da suke faɗa a harshensu. Hukuncin shahada a shari'a, wanda ake binne shi da tufafinsa ba wanka, da matsayinsa a lahira, wannan babi ne dabam, kuma ɗan tarihi ba mufti ba ne.

Game da shirun mahaifinka, ƙanena, ka gaya masa cewa Musulmin wancan zamani ba baki ɗaya suka yi ba. Gaskiya ne Shehu Ahmad Sirhindi, babban malamin ɗariƙar Naƙshabandiyya, ya nuna farin ciki da kisan Arjan a ɗaya daga cikin wasiƙunsa. Amma littafin da Arjan ya tattara yana ɗauke da baitocin da ake jingina wa Baba Farid, waliyyin Musulmi na ƙarni na 13, kuma har yau ana rera su a ɗakunan ibadarsu. A Lahore kuma akwai Mian Mir, shehin Ƙadiriyya, ɗariƙar da mu a nan ba sai an gaya mana darajarta ba, wanda ruwayar Sikh take cewa aminin Arjan ne, har ma shi ya aza harsashin ginin Amritsar.

Sarki Aurangzeb ɗin da direbanku yake nufi, takobinsa bai tsallake Musulmi ba. Ya tsare mahaifinsa Shah Jahan a Agra har ya mutu, ya kashe yayansa Dara Shikoh a 1659, ya kashe sufin nan Sarmad, wanda kabarinsa yake dab da masallacin da kuka yi Juma'a, kuma mutanen Delhi shahidi suke kiransa shi ma. A ganina mulki ne yake kare kansa, ya yafa rigar addini inda ta yi masa daidai.

Malama daga Gawon Nama ta amsa:

Ina gaida malamai. Malam na Kanwuri, na yarda da kai a kan kalma, amma ina ganin ka wanke Aurangzeb fiye da kima. Mulki yana ciki, babu musu, sai dai mutumin da ya ba da umarnin rushe manyan ɗakunan bautar Hindu a Banaras da Mathura a 1669 da 1670, ya kuma dawo da jizya a 1679 bayan Akbar ya soke ta, ba za a ce addini riga ce kawai a wurinsa ba. Abin da ya faru ya riga ya faru, kuma ba mu ne muka aikata ba, balle mu ji dole sai mun rufa masa asiri.

Guru na tara, Tegh Bahadur, ɗan Hargobind ne. Ruwayar mabiyansa ta ce wasu malaman Hindu daga Kashmir suka zo masa da kukan ana tilasta musu barin addininsu, ya ce su gaya wa hukuma idan ta iya juya shi, su ma za su bi. Marubutan Farisanci na baya kuwa sun zana shi a matsayin mai yawo da jama'a yana ta da hankalin hukuma. Abin da kowa ya yarda da shi shi ne an kama shi, aka kai shi Delhi, aka fille kansa a bainar jama'a a Nuwamba 1675. Mabiyansa suna ambaton abokan tafiyarsa uku da aka kashe a gabansa don a karya masa zuciya: Mati Das aka tsaga shi da zarto, Dayala aka jefa shi cikin tafasasshen ruwa, Sati Das aka naɗe shi da auduga aka cinna wuta. Abin da suke alfahari da shi, wanda ni ma ya tsaya mini a rai, shi ne sun ce ya mutu ne saboda addinin da ba nasa ba.

Ɗansa Gobind, wanda ya zama Guru na goma, yana da shekara tara a lokacin. Shi ne ya amsa tambayarka ta wuƙa. A bikin Baisakhi na 1699, a garin Anandpur, ya fito gaban taro da takobi zare ya ce yana neman wanda zai ba da kansa. Mutum biyar suka miƙe ɗaya bayan ɗaya, daga asali dabam-dabam, har da waɗanda al'adar Indiya take ƙasƙantar da sana'arsu. Ya dama ruwa da sukari a kwanon ƙarfe da takobi mai kaifi biyu ya shayar da su, sannan ya durƙusa su ma suka shayar da shi. Wannan ƙungiya ita ce Khalsa. Mazanta suka ɗauki sunan Singh, wato zaki, aka kuma san su da abubuwa biyar: gashin da ba a askewa, da mataji, da munduwar ƙarfe irin ta direbanku, da gajeren wando, da wuƙa. Hikimar a fili take. Mutumin da ke ɗauke da waɗannan alamu ba zai iya sajewa da taro ya ce shi ba ya ciki ba ranar da aka zo kamu.

Ku lura kuma da waɗanda ya fara yaƙa. A Bhangani, a 1688, sarakunan Hindu na kan duwatsu ne abokan gabarsa, kuma wani shehin Musulmi, Pir Budhu Shah, a gefensa ya tsaya har ya rasa 'ya'ya. Daga baya sarakunan duwatsun suka haɗa kai da dakarun Mughal suka yi wa Anandpur ƙawanya a 1704. Aka yi masa rantsuwa cewa idan ya fita ba za a taɓa shi ba, ya fita, aka bi shi. Manyan 'ya'yansa biyu, Ajit da Jujhar, suka mutu a fagen fama a Chamkaur. Ƙananan biyu, Zorawar da Fateh, waɗanda babbansu bai kai shekara goma ba, aka kai su gaban Wazir Khan, gwamnan Sirhind, aka kashe su, kuma ruwayar Sikh ta ce gini aka tayar a kansu suna da rai. Kakarsu ta mutu a tsare. Ni uwa ce, wannan wurin ba na iya karanta shi a zaune ɗaya.

A wannan majalisa mutum ɗaya ya miƙe ya ce kashe yara zalunci ne, shi ne Sher Muhammad Khan, sarkin Malerkotla, Musulmi, wanda kuma yake cikin masu yaƙar ubansu. Mabiya Sikh ba su manta ba. A 1947, lokacin da aka raba Indiya da Pakistan jini ya malala a Punjab, Malerkotla ta zauna lafiya, kuma har yau Musulmi ne suka fi yawa a garin.

Bayan wannan Gobind Singh ya aika wa Aurangzeb wasiƙa cikin waƙen Farisanci, ana kiranta Zafarnama. Bai zagi Musulunci a ciki ba. Tuhumar da ya yi wa sarki ita ce an rantse masa da Alƙur'ani aka saɓa, ya kuma kafa hujja da cewa idan duk dabara ta ƙare, kai hannu ga takobi ya halatta.

Ɗan Runjin Sambo ya sake rubutawa:

Na gode, Allah ya saka da alheri. Baba na Mabera, ina karantawa ina tuno tarihinmu: malami mai wa'azi, jama'a ta taru, sarki ya tsorata, sai hijira da yaƙi. Shin kuskure ne in kwatanta wannan da abin da ya faru tsakanin Shehu da sarakunan Gobir?

Tsohon Malamin Tarihi, Mabera, ya sake amsawa:

Ba kuskure ba ne, ɗana, muddin ka san inda kwatancen ya tsaya. Kamar tana wurin yadda hukuma take kallon jama'ar da ta girma a cikinta ba da izininta ba. Degel ta zama gari a cikin gari kamar yadda Amritsar da Anandpur suka zama. Nafata ya hana rawani da lulluɓi domin ya gane cewa sutura tana ƙirga mabiya, kuma Shehu ya fara kwaɗaitar da jama'a su tanadi makami shekaru kafin hijira zuwa Gudu a 1804. Amma Shehu gyara yake nema a cikin addinin da sarakunan ma suke da'awa, yana da littattafan fiƙihu na ƙarnoni a bayansa da suka yi bayanin hijira da jihadi da mubaya'a, ya kuma ga faɗuwar Alƙalawa a 1808 da ransa. Mabiya Sikh sabon addini ne na 'yan tsiraru, babu wani babi da suka tarar a rubuce, kisan jagororinsu ne ya riƙa koya musu mataki na gaba, kuma daga mutuwar Arjan zuwa ranar da sarkinsu Ranjit Singh ya mallaki Lahore shekara 193 ce.

Sannan labarin yana da ɓangaren da direbanku ba lalle ya fara da shi ba. Gobind Singh ya mutu a Nanded a 1708 daga sukar wuƙa, bayan ya ce babu sauran Guru mutum, littafin ne magajinsa. Kafin nan ya tura wani mai suna Banda zuwa Punjab. Banda ya tara manoman da haraji da masu gonaki suka gallaba, ya afka wa Samana a 1709, ya kashe Wazir Khan a 1710, ya ci Sirhind, kuma mutanen waɗannan garuruwa, galibinsu Musulmi, sun ɗanɗana kuɗarsu, da mai laifi da marar laifi. Ya buga kuɗi da sunan Nanak da Gobind Singh, wanda shi ne shelar cewa an kafa mulki. Wanda aka zalunta jiya, yau takobi yana hannunsa, bai kuma tsaya tantancewa ba. Aka yi masa ƙawanya ta wata takwas a Gurdas Nangal, aka kama shi a Disamba 1715, aka kai shi Delhi da mutanensa fiye da 700. An yi kwanaki ana yanka su kashi-kashi, kuma wakilan kamfanin cinikin Ingila da suke birnin a lokacin sun rubuta mamakinsu cewa ba su ga wanda ya bar addininsa don ya tsira ba. Shi kansa an kashe shi a Yuni 1716, bayan an kashe ƙaramin ɗansa a gabansa.

Shekaru hamsin da suka biyo baya su ne suka cika musu jerin sunayen shahidai. Mani Singh aka daddatsa shi gaɓa-gaɓa a Lahore, Taru Singh aka ɗaye masa fatar kai a 1745 saboda ya ƙi a aske shi. Kisan kiyashin da aka yi musu a 1746 wani babban jami'in Lahore ne ya jagorance shi, Lakhpat Rai, shi kuwa Hindu ne, na 1762 kuma Ahmad Shah Durrani na Afghanistan. Duk da haka ƙungiyoyin mahayansu suka yi ta ƙaruwa har Ranjit Singh ya shiga Lahore a 1799, shekara biyar kafin Gudu, ya kuma ɗauki Musulmi, Fakir Azizuddin, ya ba shi harkokin waje. Turawan Ingila suka haɗiye daular a 1849.

Wani abu na ƙarshe game da kalmar da ta ja hankalinka. Wasu masana tarihi, irin su Louis Fenech, suna ganin cewa tsara waɗannan mace-mace a matsayin silsila ɗaya ta shahidai ya ƙarfafa ne a hannun ƙungiyar gyara ta Singh Sabha, wadda ta fara a 1873, lokacin da ake son a bambanta Sikh da Hindu sarai. Malaman Sikh da yawa ba su yarda da shi ba. Ni dai ina ganin mutanen sun mutu da gaske, amma yadda ake jera su ana tunawa aikin na baya ne, kamar yadda yake a kowace al'umma. A addu'arsu ta kullum, wadda suke kira Ardas, suna tsayawa su ambaci waɗanda aka tsaga da zarto da waɗanda aka datse gaɓa-gaɓa, yaro yana ji tun kafin ya iya karatu.

Idan likita ya sa ku koma a duba mahaifinka, ka nemi direban ya kai ka Rakab Ganj, kusa da ginin majalisar dokokin ƙasar. Sun ce daren da aka kashe Tegh Bahadur, wani mabiyi mai suna Jaita ya ɗauke kan ya gudu da shi Anandpur, wani ɗan kasuwa kuma, Lakhi Shah, ya ɓoye gangar jikin a cikin amalankensa, ya kai gida, ya cinna wa gidan nasa wuta domin ya ƙona gawar bisa al'adarsu ba tare da dogarai sun gane ba. A wurin gidan aka yi ginin.